Daga Gaskiya Ta Fi Kwabo Zuwa WhatsApp: Wa Ke Ɗaukar Labarin Mararaba?



Abuja na cikin garuruwan da suka fi tara 'yan jarida a Najeriya. Manyan jaridu da gidajen rediyo da talabijin duk suna da ofis a can, har da na ƙasashen waje. Da yawa daga cikin ma'aikatansu kuma a nan wajenmu suke kwana, a Mararaba da Ado da Masaka da Nyanya, domin kuɗin haya a cikin birni ya fi ƙarfin albashinsu kamar yadda ya fi ƙarfin namu. Da safe mu shiga gosulo tare, su je su rubuto labarin majalisa da fadar shugaban ƙasa, da dare mu dawo tare. Amma idan taransfomar unguwa ta ƙone ta yi wata uku ba a gyara ba, ko aka canja wa 'yan kasuwa kuɗin rumfa, ko ruwan sama ya cinye wata hanya, da wuya ka ga layi biyu a kai. Mun ga ya dace mu waiwayi tarihi mu ga yadda aka yi a baya, domin an taɓa yin lokacin da jaridar Hausa ke bin mutum har garinsu.

Kafin zuwan takarda, labarin gari yana da masu shi. Sarki na da sanƙira, hakimi da dagaci na da mai shela da ke zagaya unguwa yana sanar da ranar gayya ko biyan haraji ko ganin wata. Fatake na kawo labarin nesa, a baje shi a zango da kasuwa da ƙofar masallaci. Wannan tsari yana da alfanu guda da ba a cika lura da shi ba: kowa ya san wanda ya kawo magana. Idan ta zama ƙarya, an san ƙofar gidan da za a je.

Turawan mulkin mallaka sun fara gwada buga labarai a Arewa a farkon shekarun 1930, da wata takarda mai fitowa jefi-jefi cikin Hausa da Larabci da Turanci, wadda akasari sarakuna da ma'aikatan En'e ne ke ganinta. Jarida ta sosai ba ta zo ba sai watan Janairu na 1939, lokacin da Gaskiya Ta Fi Kwabo ta fara fitowa a Zariya, Malam Abubakar Imam na edita, Dokta Rupert East na kula da aikin. Kwabo ɗaya ake sayar da ita, daga nan sunan ya samo asali. Abin da ya kamata mu riƙe shi ne dalilin kafa ta. A lokacin ana dab da Yaƙin Duniya na Biyu, jita-jita ta cika gari, har ana raɗe-raɗin cewa Ingila za ta miƙa Najeriya ga Jamus don ta lallashi Hitila. Turawa suka ga ba za a kashe jita-jita da shelar Razdan ba, sai an samu wata murya da mutane za su yarda da ita. Wato tun ranar farko jaridar Hausa maganin jita-jita aka yi ta don ta zama, cutar da har yau muke fama da ita, sai dai yanzu a aljihu take kwana.

Kada mu ruɗi kanmu, jaridar gwamnati ce. Bature ne ke da ta cewa a ƙarshe, kuma akwai iyakar da ba a tsallakewa idan magana ta zo kan sarakuna ko kan mulkin mallaka kansa. To me ya sa ta shiga ran mutane haka? Na ɗaya dai Hausar Imam. Mutumin da ya rubuta Ruwan Bagaja da Magana Jari Ce ya san yadda ake jan hankalin Bahaushe, sai ya riƙa kawo labarin yaƙi da na duniya da salon hira, da misali da karin magana. Wannan ya dace da yadda ake karanta ta, domin masu boko kaɗan ne. Kofi ɗaya zai isa gari, malamin makaranta ko akawun hakimi ya zauna ya karanta da ƙarfi, jama'a na kewaye da shi suna tofa albarkacin bakinsu. Don waɗanda ba su iya boko ba kuma aka riƙa fitar da wani ɗan ƙaramin bugu cikin ajami. Har sojojinmu da aka kai fagen yaƙi ana aika musu da ita.

Na biyu, wanda a ganinmu shi ne ƙashin bayan al'amarin, shi ne shafin wasiƙu. Mutum yana ƙauyensu zai ɗauki alƙalami ya rubuta damuwarsa, a kan makaranta ko rijiya ko tsadar kaya ko al'adun biki, ya sa sunansa da sunan garinsu, bayan wasu makonni ya gan su a buge. Wani daga wani lardi ya karanta ya mayar masa da martani. Ta haka malamai da akawuna da ke warwatse daga Sakkwato zuwa Yola suka gane ashe damuwarsu ɗaya ce. Ba a rasa nasaba tsakanin wannan da yadda aka kafa Jam'iyyar Mutanen Arewa a ƙarshen shekarun 1940 ba, wadda Imam kansa na cikin waɗanda aka fara ta da su. A 1943 ma yana cikin tawagar 'yan jaridar Afirka ta Yamma da ta je Ingila tare da Dokta Nnamdi Azikiwe, inda ya ƙi sa hannu a takardar buƙatun da tawagar ta miƙa, yana ganin ba a yi la'akari da halin da Arewa ke ciki ba. Ko mutum ya yarda da matsayinsa ko bai yarda ba, abin lura shi ne editan jaridar Hausa ya kai matsayin da ake sauraronsa a madadin jama'a. Su kuwa 'yan NEPU, da aka kafa a Kano a 1950, ba su ɗauki Gaskiya a matsayin tasu ba. Kakakin gwamnati da En'e suke kallonta, sai suka fi jingina da Daily Comet da ake bugawa a Kano. Tun a wancan lokaci ke nan an fara tambayar da muke yi yau, wato jarida ta wa ce.

Akwai wani babi na wannan tarihi da ba a cika ba da shi ba, alhali shi ya fi kusa da abin da muke magana a kai. A shekarun 1950, lokacin gangamin Yaƙi da Jahilci, dubban manya suka koyi karatu a ajujuwan yamma. Sai aka ga matsala: mutum ya koyi haɗa baƙi, amma in ba shi da abin karantawa zai manta. Hukumar NORLA da aka kafa a Zariya don samar da littattafai sai ta shiga fitar da ƙananan jaridu, kowane lardi da tasa. Sakkwato na da Zaruma, Katsina na da Himma, Kano na da Sodangi, Zariya na da Bazazzaga. Bauci ta samu Zumunta, Filato Gamzaki, Adamawa Ardo, Barno Albishir, lardin Neja kuma Haske. Dubi sunayen kawai, kowanne an zaɓo shi ne don mutanen wurin su ji tasu ce. Ba manyan takardu ba ne, kuma ba ruwansu da abin da ke faruwa a Landan. Abin da ke ciki shi ne harkokin lardi: naɗin sarauta, aikin gona, kiwon lafiya, ajin yaƙi da jahilci da wanda ya yi fice a ciki. Sabon makaranci zai fi yin haƙuri ya haɗa baƙaƙe idan sunan garinsu yake nema.

Ba su yi tsawon rai ba. NORLA ta rufe a 1959, aka mayar da ayyukanta ga kamfanin Gaskiya, jaridun lardi kuma suka bi ta suka shuɗe. Kuɗin gwamnati ne ya haife su, da ya janye babu mai riƙe su. Ba talla a ciki da za ta biya kuɗin bugu, ga wahalar kai takarda ƙauyuka. Wannan ciwo ya bi kusan duk jaridun Hausa da suka zo daga baya. Gwamnatin Abubakar Rimi ta kafa kamfanin Triumph a Kano a 1980, ya fitar da Albishir cikin boko da Alfijir cikin ajami, wadda malaman zaure da 'yan kasuwa suka yi maraba da ita. Kamfanin Concord na MKO Abiola ya fitar da Amana. Ita kanta Gaskiya Ta Fi Kwabo ta koma ƙarƙashin kamfanin New Nigerian, wanda ya fara fitar da jaridarsa ta Turanci a ranar 1 ga Janairun 1966, Gwamnatin Tarayya ta karɓe shi a 1975, daga baya ya koma hannun gwamnonin Arewa 19, ya durƙushe da bashin albashin ma'aikata a kansa. Jaridar da ta tsallake yaƙin duniya da yaƙin basasa, rashin kulawar masu ita ne ya kwantar da ita.

To ina yankinmu a cikin wannan labari? A nan ne abin ya ba mu mamaki. Ƙasar da Mararaba take a kai ta Gbagyi ce tun asali, ƙarƙashin Karu, a ɓangaren Keffi. A zamanin jaridun lardi, Keffi da Nasarawa da Lafiya suna cikin lardin Binuwai ne, kuma jaridar da aka fi sani daga wannan lardi, Mwanger u Tiv, da harshen Tibi ake buga ta. Tsohuwar Abuja kuwa, wadda yanzu ake kira Suleja, tana lardin Neja. Wato tun can muna bakin iyaka, nesa da hedikwatar da ake rubutu. A 1967 aka sa mu a jihar Binuwai-Filato, a 1976 a jihar Filato, duk idon gwamnati da na jaridarta, Nigeria Standard, yana Jos. Ranar 1 ga Oktoban 1996 aka ƙirƙiro jihar Nasarawa, hedikwata ta koma Lafiya, tafiyar sa'o'i daga nan. Sau uku ana canja mana uwar ɗaki, ba a taɓa kawo ta kusa ba.

Shi kansa garin, ba shirya shi aka yi ba, Abuja ce ta amayo shi. An yi dokar kafa sabon babban birni a watan Fabrairun 1976, gwamnati ta tare a ranar 12 ga Disambar 1991. Birnin an zana shi ne don manyan ma'aikata, ba a tanadi isasshen wuri ga direba da birkila da mai gadi da mai shayi da ƙaramin akawu ba, alhali ba su birnin ba zai kwana ɗaya yana aiki ba. Sai suka gangaro nan, inda fili ke da sauƙi kuma dokar gini ba ta da tsanani. Rusau da aka yi tsakanin 2003 da 2007, lokacin da Malam Nasir El-Rufai ke ministan Abuja, da hana acaɓa a tsakiyar birni a 2006, sun ƙara turo dubban mutane wannan ɓangare. Ƙidayar 2006 ta ba ƙaramar hukumar Karu mutum ɗan sama da dubu 200. Duk wanda ya taɓa tsayawa a Sharp Corner ko Kasuwar Orange da magariba ya san an wuce nan da nisa.

Ga yadda hakan ya shafi labarai. Wakilin jarida da aka tura jihar Nasarawa a Lafiya yake zaune, kusa da gidan gwamnati, domin can ne ake raba sanarwa. Wakilin Abuja kuma aikinsa ya ƙare a iyakar Nyanya. Mu muna tsakiya, na Lafiya na ganin ai 'yan Abuja ne, na Abuja na ganin ai wata jiha ce. Don mu yi adalci, Daily Trust na da shafukan labaran gari da na Aso Chronicle da kan leƙo garuruwan kewayen Abuja, Aminiya da ta fara fitowa a 2006 da Leadership Hausa su ma sukan kawo rahoto daga nan lokaci zuwa lokaci. Amma leƙe daban, zama daban. Wanda ya zo ya ɗauki hoton tulin shara ya tafi ba zai dawo bayan wata biyu ya ga ko an kwashe ba, kuma wannan dawowar ita ce ke sa jami'i ya ji tsoro.

Ana tunawa da mu dai idan jini ya zuba, kuma wannan tsohon hali ne. A 1902, da Magajin Keffi Ɗan Yamusa ya kashe Kyaftin Moloney, labarin ya kai har Ingila, ya kuma shiga cikin hujjojin da Lugga ya kafa na kai wa Kano yaƙi a 1903. Bayan shekara 112, ranar 14 ga Afrilun 2014, bam ya tashi a tashar motar Nyanya da safe ya kashe mutum fiye da 70, mafi yawansu masu fita neman abinci ne irinmu. Ranar 1 ga Mayu wani ya sake tashi kusa da wurin. Kyamarorin duniya suka cika titinmu na 'yan kwanaki. Allah Ya jiƙan waɗanda suka rasu. Amma abin da ya biyo baya, wato sa'o'in da mutane suka riƙa shafewa a shingen bincike kafin su isa wurin aiki, da halin da marayu da waɗanda suka nakasa suka shiga, ya fi buƙatar ɗan jarida mazaunin gari, shi ne kuwa ba mu da shi.

Abin da ya riƙe mu tsawon shekaru shi ne rediyo. BBC ta fara shirin Hausa a 1957, gidan rediyon Kaduna ya buɗe a 1962, kuma duk wanda ya tashi a Arewa ya san daɗin jin an kira sunansa a Zaɓi Sonka. A wurin baƙo mazaunin Mararaba, gaisuwar rediyo ita ce wasiƙarsa zuwa gida. Sai dai labarin duniya da na gida can take kawo masa, ba na layin da yake haya ba. Bayan dokar 1992 da ta ba 'yan kasuwa damar buɗe tashoshi, Kano ta nuna abin da za a iya yi. Freedom Radio ta fara aiki a 2003, shirinta na Inda Ranka ya mayar da ƙananan al'amuran unguwa abin da gari duka ke jira da dare, har jami'ai suka koyi cewa gara su amsa waya. A Abuja, shirin Brekete Family na Ahmed Isah ya yi irin wannan tasiri wajen karɓar koken talaka, da yawa daga masu zuwa can ma daga ɓangarenmu suke tashi, sai dai da Turancin buroka ake yin sa kuma layi na da tsawo. Maƙwabtanmu na Nijar sun riga mu a wani fanni. Tun farkon shekarun 1960 suke da ƙungiyoyin sauraron rediyo da ke zama su tattauna shiri a naɗi ra'ayinsu a watsa, kuma daga 1999 suka shiga buɗe ƙananan tashoshin al'umma har suka haura ɗari. Najeriya ba ta ba da lasisin irin waɗannan tashoshi ba sai 2015.

Yanzu kuma WhatsApp da Facebook ne mai shelarmu. Ba za mu raina su ba, ga shi a kai muke wannan rubutu. Sanarwar rasuwa da ɗaurin aure da cigiyar yaro suna isa ga jama'a cikin minti kaɗan, abin da Imam bai taɓa mafarkinsa ba. Amma sanƙira yana da gida, wasiƙar Gaskiya na da suna da gari a ƙasanta, ga edita da zai tace. Saƙon murya da aka turo daga wani zaure ba shi da uba. A gari irin namu, inda Bagwari da Bahaushe da Bafulatani da Batibi da Ibo da Bayarabe da Eggon ke zaune katanga ɗaya, Musulmi da Kirista, saƙo guda na cewa an kai hari a wuri kaza ya isa ya sa a rufe shaguna kafin a gano tsohon bidiyo ne daga wata ƙasa. Mun sha ganin haka, kuma sau da yawa wanda ya tura da kyakkyawar niyya ya yi.

Asarar ba ta tsaya ga tsoro ba, tana shiga aljihu. Misali, a dokar harajin albashi, jihar da ma'aikaci yake zaune ita ke da haƙƙin harajinsa, ba inda yake aiki ba, kuma gwamnatocin Nasarawa sun daɗe suna kukan cewa kuɗin mazauna Karu na tafiya Abuja. Wannan magana ce da ta shafi titi da asibiti da makarantar 'ya'yanmu kai tsaye, amma mutum nawa ne cikinmu ya san wane adireshi ke cikin takardarsa ta wurin aiki? Haka batun filaye. Hukumar NAGIS mai rajistar filayen jihar tana da ofis a nan yankin Karu, amma har yanzu mutane na sayen fuloti da takardar yarjejeniya ta hannu kawai, sai rigima ta taso a gane an sayar wa mutum biyu. Kasafin kuɗin ƙaramar hukuma, wa ya taɓa ganinsa a rubuce da Hausa? Irin waɗannan su ne abincin Himma da Zaruma da a ce suna raye.

Akwai kuma asarar da ba a jin zafinta sai an daɗe. Mai binciken da ke son sanin abin da mutanen Zariya ko Katsina ke muhawara a kai a 1945 zai iya zuwa Gidan Arewa ko ma'ajiyar tarihi ta ƙasa da ke Kaduna ya nemi tsofaffin bugun Gaskiya. Na Mararaba fa? Shekarar da aka fara sallar Juma'a a masallacin unguwa, wanda ya ba da filin makarantar Islamiyya, yadda aka samu sarkin Hausawa na farko a kowane yanki, nawa ake biyan hayar ɗaki kafin rusau da bayansa, duk suna cikin kawunan dattawa ne, su kuma suna ta tafiya, wasu zuwa garuruwansu wasu zuwa gidan gaskiya. Zauren WhatsApp ba ma'ajiya ba ne, waya na faɗawa ruwa shi ke nan. A iya saninmu na masu riƙe da littafin taro, abin da ya fi kama da jaridar wannan gari shi ne littattafan ƙungiyoyi, na 'yan kasuwa da direbobi da kwamitocin masallatai da coci-coci, kuma yawancinsu a cikin leda suke a ƙarƙashin gado.

Ba mu da ƙarfin buɗe gidan rediyo, kuma tarihin da muka kawo ya nuna abin da ke samun jaridar da ta dogara da aljihun mai mulki. Abin da ke hannunmu shi ne wannan shafi, kuma za mu riƙa tafiyar da shi bisa ƙa'idar shafin wasiƙun Gaskiya. Duk mai labarin unguwarsu ya turo, amma da sunansa da layin da yake zaune, ko da ba za a buga sunan ba. Idan koke ne a kan wani ofishi ko wani mutum, sai an ji ta bakin ɗaya ɓangaren kafin a saka. Abin da aka saka kuma za a koma a duba shi bayan wata guda a faɗi ko an gyara ko ba a gyara ba. Muna roƙon 'yan jaridar da ke cikinmu su taimaka wa matasa biyu ko uku da koyon yadda ake tantance labari. Dattawan da suka zauna a nan tun kafin 1991 kuma za mu bi su gida ɗaya bayan ɗaya da na'urar naɗar murya. Wanda ke da tsohon hoto ko rasit na haya ko takardar fili ta wancan lokaci, ya kawo wa sakatare a ɗauki hotonta a mayar masa da abinsa a take.